Ba hannu ba ne: yadda yankakken reshe ke yin saiwa

Sati uku bayan dashen rogo wani dattijo ya tare ni a bakin gonarsa, ya ce, "Malam, ni kam na haƙura, rogo ba ya karɓar hannuna. Dubi na maƙwabcina ya yi kore shar, alhali ƙasa ɗaya, ruwa ɗaya." Na ce, "Baba, bari mu tona mu gani." Muka bi kunya muka zaro guda goma cikin waɗanda suka ƙi tsirowa. Huɗu an kafa su kai ƙasa, gindi sama. Uku an dandatse bakinsu da dakusasshiyar adda har ɓawo ya ɗaye. Sauran tun kafin su shiga ƙasa suka mutu, don an yayyanka su an zube a rana kwana biyar ana jiran ruwan sama. Jikokinsa ne suka yi dashen, shi bai ko taɓa ba, amma hannunsa ya ɗauki laifi.

Maganar hannu na sha jin ta, a wajen masu rogo da masu dankali da matan da ke kafa zogale a bayan ɗaki. Abin da ke faruwa cikin ƙasa kuwa sananne ne, kuma wanda ya gane shi asararsa za ta ragu ƙwarai.

Reshen da ka yanke yana da rai, sai dai ka raba shi da uwarsa, ba shi da bakin shan ruwa. Daga wannan lokacin tsere ake yi: ko ya yi saiwa, ko bushewa da ruɓa su riga shi. Abin da zai rayu da shi a kwanakin nan guzurin da ke jikinsa ne kawai, wato ɗan ruwa da abincin da uwar ta tara masa. Shi ya sa kaurin reshe da shekarunsa ke da muhimmanci.

Kanƙare ɓawon ɗanyen reshe da farce, za ka ga wata siririyar fata mai danshi da santsi tsakanin ɓawo da itace. Masana suna ce mata kambiyom. A kewayenta ne ake da ƙwayoyin halitta masu iya canza aiki. Da an yi yanka, sai reshen ya fara rufe ciwon don kada ruwa ya tsere ko cuta ta shiga. Bayan 'yan kwanaki bakin yankan yakan yi wani farin ƙullutu kamar tabon miki, sannan wasu ƙwayoyin da ke can ciki su rarrabu, su haɗa kan saiwa, su huda ɓawo su fito. Wanda ya dandatse bakin yankan ya lalata wurin da aikin zai faru ke nan, ya kuma buɗe wa ruɓa ƙofa.

To wa ke ba su umarnin zama saiwa, ba ganye ba? Wani sinadari ne da tsiro ke haɗawa da kansa a kan toho da sababbin ganye, sunansa oksin. Wani ɗalibi ɗan ƙasar Holan, Frits Went, shi ya fara tatso shi daga kan tsiron hatsi a jami'ar Utrecht a 1926. A 1934 shi da Kenneth Thimann suka nuna a Amurka cewa sinadarin nan ne ke sa yankakken reshe yin saiwa, kuma a 1935 aka gano irinsa na haɗi, IBA da NAA, waɗanda su ne har yau a cikin hodar dashe da ake sayarwa. Halin oksin guda ne: daga kai yake gangarowa zuwa gindi, ba ya komawa. In ya iso bakin yanka ya rasa hanya, sai ya taru, taruwar ce ke tayar da saiwa. Kuma gindi a wurinsa shi ne ɓangaren da ya fi kusa da saiwar uwa, ko ta yaya ka juya itacen. In ka kafa shi a kife, oksin zai nufi ɓangaren da ke cikin iska, inda babu danshi. Ko dai ya mutu, ko ya fito a wahalce ya ba ka ɗan abin da bai kai ya kawo ba.

Gane kai da gindi a itacen rogo ba wuya. Kowace gaɓa tana da tudun da ganye ya faɗi ya bari, ido kuma yana zaune a saman tudun. Ido sama, shi ke nan. In yara za su taya ka dashe, jera musu irin a kwando duk kai wuri ɗaya.

Tunda rogo ne ya kawo zancen, ga abin da nake gaya wa manoma. A ɗebi iri daga rogon da ya kai wata 8 zuwa 18, a ɗauki tsakiyar kara, a bar koren kai mai saurin bushewa da tsohon gindi da idanunsa suka gaji. Duba totuwar da ke tsakiya: in faɗinta ya wuce rabin faɗin karan, bai ƙosa ba. Tsawon kowane yanki santimita 20 zuwa 25, kusan taƙi guda na babban mutum, da gaɓa 5 zuwa 7. Sara ɗaya da adda mai kaifi, a hannu ko a kan itace, ba a kan dutse ba. In ka yanka farin ruwa ya tsattsafo nan take, karan na da rai. In shiru, jefa shi murhu. A binne kashi biyu cikin uku a karkace, a danne ƙasar da ƙafa, tazarar mita ɗaya ta kowane gefe, wato yanki 10,000 a hekta. Kuma kada a yayyanka sai ranar dashe. In ajiya ta kama, a ɗaure dogayen karan dami-dami, a tsayar da su a inuwa, gindi cikin ƙasa mai ɗan sanyi.

Dankalin Hausa shi mai sauƙin kai ne, don a kowace gaɓa ta yaɗonsa akwai 'yan kawunan saiwa da ke kwance suna jiran danshi. Ɗauki kan yaɗo, santimita 25 zuwa 30, ka binne gaɓa kamar uku. Kan ya fi gindi saurin kamawa, kuma ƙwaron da ke huda dankali ya fi yin ƙwai a wajen gindi. Rake ma daga gaɓa yake fitar da saiwa da toho.

Kuskuren da na fi gani a gidaje shi ne kashe dashe da ruwa. Ƙwayoyin da ke haɗa saiwa numfashi suke yi, suna buƙatar iska. In ƙasa ta zama caɓi, iska ta fita, sai gindin ya yi baƙi ya yi wari. Danshi ake so irin na tsumman da aka matse. Don haka a wurin renon itatuwa yashi mai tsabta ya fi laka, kuma ɗanyen taki ba shi da amfani ga abin da bai yi saiwa ba tukuna. Kakanninmu sun san wannan: aguwa da dashi da ake shinge da su daga Katsina har Maraɗi da Damagaram, a ƙarshen rani ake kafa su, kafin ruwa ya zauna. Jikinsu cike yake da ruwa, ba ƙishi ke kashe su ba, ruɓa ce.

Reshe mai ganye kuma, kamar na gwaiba ko lemun tsami, matsalarsa akasin haka ce. Ganye yana zubar da ruwa alhali babu saiwar da za ta mayar, amma in ka tsige shi duka ka cire mai dafa abinci da mai haɗa oksin. Sai a raba: cire na ƙasa, bar biyu a sama, yanke rabin kowanne, rufa farar leda, ajiye a inuwa mai haske. Hodar dashe tana taimakawa a nan, amma ɗan dangwale ne a kaɗe. In ta yi yawa ƙona gindin take yi. Rogo da dankali ba sa buƙatarta, kada wani ya ci kuɗinku.

Ba kowace bishiya ke yarda ba. Ceɗiya, zogale, bini-da-zugu da rumman da wuya su ba ka kunya. Mangwaro da kaɗanya da ɗorawa kuwa taurin kai gare su, shi ya sa mangwaro aure ake yi masa. Ko a bishiya ɗaya, reshen da ya toho daga gindi ko daga kututture ya fi na ƙololuwar tsohuwar bishiya saurin kamawa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Ga gwaiba akwai wata dabara: zare ɓawo zobe guda, faɗin yatsa biyu, a reshen da ke jikin uwa, kanƙare santsin, naɗa jiƙaƙƙen garin katako, ɗaure da leda. Ruwa zai ci gaba da hawa ta cikin itace, oksin da abinci kuwa su taru a saman zoben. Ran da ka hango saiwa ta cikin ledar, sai ka yanke ka dasa. Zogalen reshe yana saurin ba da ganye, amma ba shi da doguwar saiwar tsakiya irin ta wanda aka shuka da ƙwaya, don haka iska da fari sun fi kayar da shi, ga gara tana son sa.

Abu ɗaya da babu dabarar da ke gyara shi: reshe kwafin uwarsa ne, har da cutarta. Rogon da ganyensa ya yi dabbare-dabbaren rawaya ya murɗe yana ɗauke da cutar da babu feshin da ke warkar da ita, kuma kusan duk yankin da aka cira daga jikinsa da ita zai tashi. Tun rogo na da ganye ake zagaya gona a ɗaura wa masu lafiya ƙyalle, don in an tuge an tara kara ba a bambance su. Mai son iri mai jure cutar, kamar TME 419, ya nema ta hannun malamin gona. Cibiyar binciken noma ta ƙasa da ƙasa, IITA, da ke Ibadan da ta binciken rogo da doya da ke Umudike su ke aikin fitar da irin waɗannan.

Shi kuwa dattijon nan, washegari muka samo kara daga wata gonar fadama, ya wasa addarsa, ya zaunar da jikokin ya nuna musu ido da tudu. Kafin azahar sun cike gurabun da suka mutu.