Ƙarar igwar da ake ji a tsoffin finafinan yaƙi

Mutane da yawa sun ɗauka cewa ƙarar igwa da ihun sojojin da ake ji a shirye-shiryen talabijin kan Yaƙin Duniya na Ɗaya, a fagen fama aka naɗo su. Ba haka ba ne. Yawancin kyamarorin 1914 zuwa 1918 da hannu ake murza su, kuma hoto kaɗai suke ɗauka. Sai wajen 1927 fim mai magana ya fara yaɗuwa.

Daga baya ake ɗora sautin, kuma a ganina haƙƙin mai kallo ne a sanar da shi hakan. Takun takalma, haniniyar dawakai, duk haɗawa aka yi. Har maganar sojoji ma, wani lokaci masu karanta motsin leɓe ne ke gano ta, 'yan wasa su maimaita.