Idan Teku Ya Ja Da Baya, Kada Ka Bi Shi

Kwanakin baya wani saurayi ya zo wurinmu neman allurar rigakafin shawara, saboda ya samu gurbin karatu a Indonesiya. Ina cike masa kati muna hira, sai na tambaye shi ko ya taɓa ganin teku. Ya ce a'a, mafi girman ruwan da ya sani shi ne dam ɗin Tiga. Na ce masa, "To ɗana, a ce kana tsaye a bakin teku, sai ka ga ruwa ya janye ya yi nisa, ga kifi yana ta tsalle a kan yashi, me za ka yi?" Ya yi murmushi ya ce, "Baba, ai sai in naɗe wando in kwashi rabona."

Gabana ya faɗi. Wannan amsar ce ta halaka mutane da yawa ranar 26 ga Disamba, 2004, lokacin da ruwan teku ya afka wa ƙasashen da ke gaɓar tekun Indiya, kuma na san yawancinmu da muka tashi nesa da teku ita za mu bayar. 'Ya'yanmu suna karatu a Malesiya da Indonesiya da Indiya da Masar da Turkiyya, 'yan kasuwarmu suna zuwa biranen gaɓar teku a Asiya. Muna yi musu faɗan abinci da abokan banza, amma ba mu gaya musu komai game da teku, domin mu ma ba wanda ya gaya mana.

Sunan abin tsunami. Kalmar Japananci ce, haɗin kalmomi biyu: "tsu", wato tashar jiragen ruwa, da "nami", wato igiyar ruwa. Igiyar tasha ke nan. Mu dai ba ta yi mana wuyar faɗa, tunda muna da "ts" a tsuntsu da tsamiya. Turawa ne sukan jefar da harafin farko su ce "sunami". Dalilin sunan yana cikin abin da masuntan Japan suka sha gani. Sukan fita kamun kifi can tsakiyar teku, su wuni ruwa kwance lafiya lau, su dawo su tarar da tasharsu ta zama kufai. Haka ta faru a yankin Sanriku ranar 15 ga Yuni, 1896. Masuntan da ke nesa da gaɓa ba su ji komai ba, da gari ya waye suka juyo gida suka riƙa cin karo da gawarwaki da tarkacen gidaje a kan ruwa. Mutum kusan 22,000 suka rasu. Igiyar ta bi ta ƙarƙashin jiragensu ta wuce ba su sani ba, sai da ta isa tasha ta nuna kanta.

Ina jin mutane suna cewa "guguwar tsunami". Wannan kuskure ne, kuma kuskure ne mai haɗari, domin wanda ya ɗauka guguwa ce zai tsaya jiran ya ga hadari ya haɗu. Babu ruwanta da iska ko damina. Safiyar da abin ya faru a 2004 gari garau yake, rana ta fito, yara suna wasa a bakin ruwa. Ba kuma irin ambaliyarmu ba ce wadda ruwan sama ko ɓallewar dam ke jawowa. Tumbatsar da takan ci gaɓar Legas da Ayetoro a jihar Ondo ita ma daban ce, iska da cikar teku ne ke kawo ta.

Idan ina bayani ga matasa, baho nake sa a ciko mini da ruwa. Sai in sunkuya in hura iska a kai. Saman ruwan ya yi 'yan ƙananan igiyoyi, na ƙasa ko motsi bai yi ba. Wannan ita ce igiyar yau da kullum. Daga nan sai in nutsa faranti a gindin bahon, in ɗaga shi sama farat ɗaya. Ruwan duka, daga ƙasa har sama, sai ya yunƙura ya bugi gefe ya zube a ƙafafun waɗanda ke tsaye. Wannan ita ce tsunami: an tunkuɗa teku ne daga gindinsa.

To me ke tunkuɗa shi? Mafi yawan lokuta girgizar ƙasa ce a ƙarƙashin teku. Ɓawon duniyar nan da muke takawa ba dunƙule ɗaya ba ne, a tsattsage yake kamar ƙwaryar da ta fashe aka ɗinke. Manya-manyan falalen dutse ne, kowanne yana ɗauke da ƙasashe da tekuna, kuma suna tafiya a hankali, 'yan santimita kaɗan a shekara, kwatankwacin yadda farce ke tsiro. A wasu wurare wani falale yana kutsawa ƙarƙashin wani. Sai bakinsu ya cije. Na ƙasa yana ci gaba da turawa, na sama yana tanƙwarewa kamar bakan da maharbi ke ja, shekara ɗari, shekara ɗari biyar. Ranar da cijewar ta saki, bakin falalen sama ya zabura ya miƙe, ya ɗaga duk ruwan da ke kansa.

Abin da ya faru ke nan a yammacin tsibirin Sumatra na Indonesiya da misalin ƙarfe takwas na safe a 2004. Girgizar ta kai maki 9.1 a ma'aunin ƙarfin girgizar ƙasa, tsagar ta yi tsawon kilomita kusan 1,300, fiye da tafiyar Kano zuwa Legas, gindin teku kuma ya ɗaga da mitoci da yawa. Cikin kimanin minti 20 ruwa ya shiga Banda Aceh, babban birnin lardin Aceh da ke arewacin tsibirin. Bayan awa biyu ya isa Sri Lanka da gabashin Indiya. Bayan wajen awa bakwai ya ƙetare tekun Indiya gaba ɗaya ya faɗa wa garin Hafun a Somaliya, nan nahiyarmu, inda ba wanda ya ji ko motsin ƙasa. Mutum kusan 230,000 suka rasu a ƙasashe 14, kuma fiye da rabinsu 'yan'uwanmu Musulmi ne na Aceh. Da yawanmu mun ga hoton masallacin Lampuuk yana tsaye shi kaɗai, garin da ke kewaye da shi an share shi tas. Allah Ya jiƙan su.

Gudunta ne abin da hankali ke kasa ɗauka. A tsakiyar teku mai zurfi tana yin kilomita 800 a awa, gudun jirgin sama, amma tsayinta a can sau da yawa ba ya kai mita ɗaya, shi ya sa masunta ba sa jin ta. Idan ta tunkaro gaɓa, zurfi ya ragu, sai gabanta ya rage gudu alhali bayanta yana tafe da ƙarfinsa. Ruwa ya hau kan ruwa ya taru. Kada ka zaci za ka ga kyakkyawar igiya mai lanƙwasa irin ta hoto. Abin da ke zuwa baƙin ruwa ne kamar kogin da ya ɓalle, ɗauke da motoci da kwanon rufi da gungumen itace, yana ta shigowa minti biyar, minti goma, bai tsaya ba. Idan ya tashi komawa kuma ya ja duk abin da ya samu zuwa cikin teku. Iya iyo ba ya ceton mutum a nan, domin tarkacen ne ke dukan sa. A Japan, ranar 11 ga Maris, 2011, ruwan ya hau tudu har mita 40 a yankin Miyako, ya tsallake katangun da aka gina domin tare shi, ya lalata tashar nukiliya ta Fukushima. Waɗanda suka rasu da waɗanda suka ɓata sun haura 18,000, a ƙasar da ta fi kowace shiri.

Ba kowace girgiza ke haifar da ita ba. Sai ta kasance babba, galibi maki 7 zuwa sama, kusa da saman gindin teku, kuma ta ɗaga shi ko ta nutsar da shi. Shi ya sa abin ya fi yawa a kewayen tekun Fasifik, inda falalen ke cin karo: Japan, Indonesiya, Filifin, Alaska, Chile. Girgizar Chile ta 1960, mai maki 9.5, wadda ba a taɓa auna kamarta ba, ta aika igiya ta kashe mutum 61 a garin Hilo na Hawaii bayan awa 15, ta kuma kashe fiye da 100 a Japan bayan kusan kwana guda.

Dutse mai aman wuta ma yana jawo ta. Krakatau na Indonesiya ya fashe a 1883, mutum sama da 36,000 suka rasu, yawancinsu ruwa ne ya ci su. A Disambar 2018 gefen dutsen da ya tsiro a gurbinsa, Anak Krakatau, ya rufta cikin teku da dare, igiya ta kashe fiye da mutum 400 ba tare da wata girgizar da za ta faɗakar da su ba. Zaftarewar ƙasa ita ce ta uku, ko a ƙarƙashin ruwa ko daga tsauni zuwa cikinsa. A 1958 wani ɓangaren tsauni ya faɗa mashigin Lituya a Alaska, ruwa ya tashi ya aske itatuwa har tsayin mita 524 a tsaunin da ke ɗaya gefen.

Gaɓar Afirka ta Yamma, daga Legas zuwa Kwatano zuwa Akara, ba ta kan irin wannan mahaɗa, don haka haɗarin a wurinmu kaɗan ne, alhamdu lillahi. Amma Bahar Rum ba haka yake ba. A shekara ta 365 miladiyya tsunami ta afka wa Iskandariyya ta Masar, kuma a 2020 wata ƙarama ta shiga gaɓar Turkiyya kusa da Izmir.

Duk waɗannan ikon Allah ne, ba mai ja. Amma Allahn da Ya halicci abin Ya sa masa alamu, kuma akwai mutanen da suka riƙe alamun suka tsira. Labarin tsibirin Simeulue nake so kowa ya ji. Yana daf da inda girgizar 2004 ta tashi, mutanensa sun haura 70,000, ba su da na'urar gargaɗi ko jiniya. Abin da suke da shi kalma ɗaya ce, "smong". A 1907 irin wannan igiya ta kashe kakanninsu da yawa, sai waɗanda suka rage suka sa abin cikin tatsuniya da waƙar reno: idan ƙasa ta girgiza da ƙarfi, teku ya janye, a bar komai a hau tudu. Kaka ta gaya wa jika, jika ya gaya wa nasa. Da ranar ta zo, mutane suka riƙa ihun "smong" suna gudu zuwa duwatsu. Mutum bakwai kacal suka rasu. A Thailand kuma wata yarinya 'yar Ingila mai shekara 10, wadda aka koya wa darasin tsunami a makaranta mako biyu kafin nan, ta ga ruwa yana kumfa yana janyewa, ta matsa wa iyayenta har aka kwashe mutane daga wannan gaɓar, ba a rasa kowa a wurin ba.

Abin da na zaunar da saurayin nan na gaya masa ke nan. Idan kana bakin teku ka ji ƙasa ta girgiza har tsayuwa ta gagare ka, ko girgizar ta daɗe ba ta tsaya ba, kada ka jira sanarwa daga kowa, girgizar ita ce sanarwar. Idan ka ga ruwa ya janye fiye da yadda ya saba, ko ya cika ba zato, ko ka ji ruri daga teku kamar na jirgin ƙasa, haka nan. Janyewar ba kullum take zuwa ba, wani lokaci ruwan ne ke fara isowa, don haka kada ka ce sai ka gan ta. Ka bar jaka, ka bar ɗaukar hoto da waya. Ka tafi da ƙafa, domin motoci cunkushewa suke yi. Ka nemi tudu mai tsayin mita 30 idan akwai, ko ka yi nisa cikin gari kilomita biyu zuwa uku. Idan lokaci ya ƙure, ka hau saman bene mai ƙarfi na kankare, hawa na uku ko sama. Ka riƙo hannun yaro da tsoho a hanya. A wasu ƙauyukan Aceh matan da suka rasu sun ninka maza, da yawansu suna ƙoƙarin ceton 'ya'yansu ne.

Kuma idan ka hau, ka zauna. Igiyar ba ɗaya ba ce, jere suke zuwa, tsakaninsu 'yan mintuna ko awa guda, kuma sau da yawa ta farko ba ita ce babba ba. Mutane da yawa sun tsira daga ta farko, suka sauko neman 'yan'uwa ko duba gida, ta biyu ta same su. Sai hukuma ta ce a sauko.

Bayan ruwa ya koma, aikinmu na ma'aikatan lafiya yake farawa. Rijiyoyi sun cika da gishiri da ƙazantar masai, don haka ba a shan ruwa sai an tafasa ko an sa sinadarin tsarkake shi. Waɗanda suka shaƙi ruwan laka sukan kamu da ciwon huhu mai tsanani bayan kwanaki, ko da sun ga kamar sun warware. Gawarwakin waɗanda bala'i ya kashe ba sa yaɗa annoba kamar yadda ake tsoro, saboda haka babu dalilin binne mutane cikin gaggawa ba a tantance su ba, ba a yi musu sutura ba. Abin da ya fi ba mu tsoro shi ne raunuka. Ƙusa da kwano sun yanki mutum, laka ta shiga ciki. A Aceh, cikin wata guda bayan bala'in, an samu mutum fiye da 100 da suka kamu da tetanas, cutar nan mai sarƙe haƙora, yawancinsu manya waɗanda ba a taɓa yi musu rigakafi ba ko ta daɗe.

Na tambayi saurayin yaushe rabonsa da allurar tetanas. Ya ce bai sani ba, watakila tun yana goye. Kafin ya tashi na yi masa ita a ɗaya damtsen, na rubuta masa ranar ta gaba a bayan katinsa.