Sharlaman, sarkin da Haruna Rashid ya aika wa giwa

Wai shi Sharlaman ɗin nan sarkin Faransa ne ko na Jamus?

Ba ko ɗaya, don a zamaninsa babu ƙasashen nan yadda muka san su yau. Sarkin Farankawa ne, al'ummar da ke mulkin yankin a wancan lokacin, ya hau gado a 768 bayan rasuwar babansa Pepin, suka raba ƙasa shi da ƙanensa Karloman, da ƙanen ya mutu a 771 sai komai ya dawo hannunsa. Ran Kirsimetin shekarar 800 Fafaroma Leo na 3 ya naɗa shi sarkin sarakuna a Rum.

Da gaske ne maganar giwar?

Ƙwarai kuwa. Abul Abbas sunanta, ta iso fadarsa da ke Aachen, a Jamus ta yau, a 802, wani Bayahude mai suna Ishaƙu ne ya rako ta tun daga gabas, aka tsallako da ita teku har Italiya sannan aka haye duwatsun Alps da ita. Ta rayu har 810. Amma fa ba zumunci ne zalla ba, siyasa ce, don Haruna Rashid, Halifan Bagadaza, ba ya ga maciji da Umayyawan Andalus da kuma Rumawan Kustantiniya, shi ma Sharlaman yana da tsama da su duka biyun.

Ya taɓa kai yaƙi Andalus ke nan?

Ya je a 778 bisa gayyatar wasu gwamnonin Musulmi da suka yi wa Ƙurɗuba, fadar Umayyawa, tawaye, birnin Saragosa ya ƙi buɗe masa ƙofa, a hanyar komawa kuma 'yan Bask, mazauna duwatsun da ke tsakanin Sifen da Faransa ta yau, suka far wa bayan rundunarsa.

To mutumin kirki ne?

Nan ne nake dakatawa. Sama da shekara 30 yana yaƙar Saksonawa, mutanen arewacin Jamus ta yau, yana tilasta musu shiga Kiristanci, a 782 aka kashe fursunoni 4,500 a Verden kamar yadda tarihin fadarsa da kanta ya rubuta, kuma wallahi duk ranar da na karanta wannan sai raina ya ɓaci. Har malaminsa Alkuwin sai da ya ce ba a cusa wa mutum imani da ƙarfi.

Shi yana da karatu?

Yana jin Latin, ya tara malamai, ya sa a buɗe makarantu a majami'u. Rubutu ne ya gagare shi, har allo yake ajiyewa ƙarƙashin matashinsa yana gwadawa in ya samu sarari, sai dai ya fara da girma hannun bai faɗa ba. Ya rasu a Aachen a 814, ɗansa Luwis ya gaje shi.