Rile na famfon mai: abin da masu gyara a Sina'iyya ke kira katawut

Duk wanda ya daɗe yana kai mota wajen mai rewaya a Sina'iyyar Jidda ko ta Makka, wato unguwar masu gyaran mota, da wuya bai taɓa jin an ce masa katawut ɗin turumba ya ƙone ba. Turumba ita ce famfon mai, wanda ke zaune cikin tanki yana turo fetur zuwa inji. Katawut kuwa shi ne abin da makanikan gida, a Kano ko Maraɗi, ke kira rile. Sunan ya samo asali ne daga wata na'ura ta tsofaffin motoci masu dainamo, wadda ke raba batir da dainamo idan inji ya rage gudu. Na'urar ta wuce, sunan ya zauna a bakin masu gyara, yanzu kowane rile katawut ne a wurinsu.

Ɗan akwati ne na roba, baƙi ko ruwan toka, bai kai akwatin ashana girma ba, da ƙafafu huɗu ko biyar a ƙasansa. Idan aka ɓare murfin za a ga siririyar wayar tagulla an nannaɗe ta a jikin ɗan ƙarfe, wannan shi ne kwayil. A samansa akwai faifan ƙarfe mai sifirin, da wasu bakuna biyu ƙanana kamar ƙwayar gero suna fuskantar juna, tsakaninsu rata kaɗan. Wuta na shiga kwayil sai ya zama maganaɗisu, ya fizgo faifan, bakunan su haɗe. Wannan "ƙas" da ake ji a akwatin fis idan an murɗa makulli, ƙarar haɗuwarsu ce. Wutar na ɗaukewa sifirin ya mai da faifan inda yake. Ma'anar rile ke nan: makunni ne wanda wuta ke kunna shi maimakon yatsa.

Dalilin sa shi a hanyar famfo lissafi ne mai sauƙi. Famfon ƙaramar mota yakan ja amfiya 4 zuwa 8 yana aiki, na manyan motoci ya fi haka. Kwamfutar mota, wadda ake ce wa burenbos, ba a yi ƙafafunta don ɗaukar irin wannan nauyi ba. Shi kuwa kwayil ɗin rile, idan aka auna, ana samun om 50 zuwa 120, mafi yawa kusa da 80. A batir mai bolt 12, kwayil mai om 80 amfiya 0.15 kawai yake ja. Da wannan 'yar wuta kwamfuta ke juya babbar wutar da ke fitowa daga batir ta bi ta fis zuwa tanki. Akwai kuma dalili na biyu da ya fi na farko nauyi, wato tsaron rai. Idan mota ta yi haɗari inji ya mutu, tiyon mai ya yanke, dole famfo ya tsaya nan take ko da makulli na kunne. Kwamfuta ce ke yanke wannan hukunci, ta hanyar rile take zartar da shi.

Lambobin da ke ƙasan rile ba ado ba ne, wanda ya san su ya gama rabin aikin. A tsarin Jamus da yawancin kamfanoni ke bi, 85 da 86 su ne ƙafafun kwayil, 30 ita ce mashigar babbar wuta, 87 ita ce mafita zuwa famfo. Mai ƙafa biyar yana da ƙarin 87a, wadda ke haɗe da 30 lokacin da rile ke hutawa, famfon mai galibi ba ya amfani da ita. A ƙananan rile irin na Toyota da sauran motocin Japan za ka ga 1 da 2 a kan kwayil, 3 da 5 a kan babbar hanya. Kusan kowane rile an zana taswirarsa a gefen jikinsa, ɗan akwati shi ne kwayil, layin da ya karkace shi ne makunnin.

A yawancin motoci, da ka murɗa makulli zuwa inda fitilun dashbod ke kawowa, kwamfuta takan kunna rile na kamar daƙiƙa biyu don mai ya cika layi, sai ta kashe. Ba za ta sake kunnawa ba sai firikwensin karanshaf ya gaya mata inji yana juyawa. Shi ya sa ake cewa ka buɗe murfin tanki, ka kai kunne, wani ya murɗa makulli, ka saurari ɗan gunjin famfo. Shawara ce mai kyau, amma a Saudiyya da Camry da Corolla da Hilux suka cika titi akwai abin lura. Toyota da yawa, musamman na shekarun 1990 da farkon 2000, ba sa yin wannan gunjin na farko sam. Famfonsu sai ana buga kik ko inji ya tashi yake aiki. An sauke tankuna masu yawa a banza saboda an kasa kunne an ji shiru. A waɗannan motoci sunan rile ɗin ma daban ne, a murfin akwatin fis za ka ga an rubuta C/OPN, kuma wutarsa daga wani rile mai suna EFI take zuwa, don haka biyu ne abin dubawa. Tsofaffin cikinsu suna da ɗan akwatin gwaji kusa da inji mai ramuka +B da FP. Idan aka haɗa su da guntun waya makulli na kunne, famfo zai tashi ba tare da ya bi ta C/OPN ba.

Abin da ke kashe rile ba ya wuce uku ko huɗu. Duk lokacin da bakunan nan suka rabu, ɗan tartsatsi yakan tashi tsakaninsu, domin famfo ƙaramin injin lantarki ne, ba ya son a yanke masa wuta farat ɗaya. Shekara da shekaru tartsatsin yana cin fuskar bakunan har su yi baƙi, su yi ramuka. Baki mai datti yana hana wuta wucewa sosai, inda wuta ta sha wahalar wucewa kuwa zafi ke taruwa, zafin ya ƙara ƙona bakin. Ga kuma zafin gari. A Riyad da Makka rani yakan haura digiri 45, ƙarƙashin bonet ya fi haka nesa ba kusa ba, motar da aka ajiye a rana kuwa cikinta tanda ne. Honda Accord da Civic na shekarun 1990 sun yi suna da wannan ciwo: babban rile ɗinsu yana ƙarƙashin dashbod, dalmar da ta riƙe ƙafafunsa a kan allo tana tsagewa. Da asuba mota ta tashi lafiya lau, bayan azahar ta ƙi, a buɗe ƙofofi iska ta shiga na ɗan lokaci sai ta tashi. Mai rewaya da ya iya dalma yakan sake narka wuraren, rile ya dawo aiki.

Sauran biyun su ne aka fi mantawa da su. Ramin da ƙafar rile ke shiga yakan saki, ƙafar ta riƙa rawa a ciki. Sannan famfon da ya tsufa, ko wanda matatarsa ta toshe da datti, yana jan wuta fiye da ƙima. Zaro rile ka duba ƙafafunsa da kyau a haske. Idan ƙafar 30 ko 87 ta sauya launi ta yi shuɗi-shuɗi ko ruwan ƙasa, robar da ke kewaye da ita ta kumbura, ramin soket ɗin ya narke yana warin ƙuna, to ba rile ne ya fara ciwon ba, shi dai ya fara faɗuwa. Sabon da za ka sa ma haka zai ƙare.

Alamominsa sanannu ne. Kik na juya inji da ƙarfi amma mota ta ƙi tashi. Ko tana tafiya ta mutu kamar an zare makulli, bayan minti goma ta tashi kamar ba abin da ya faru. Idan kuwa bakunan sun manne da juna, a motocin da ƙafar 30 ke da wuta kullum, famfo zai ci gaba da gunji bayan an kashe mota, da safe a tarar batir ya sauka. Na'urar gwaji kan nuna lambar matsala P0230, wani lokaci P0627. Amma motar da ke tashi lafiya, sai a hawan Hada zuwa Ɗa'if ta riƙa shaƙewa tana rasa ƙarfi, wannan ya fi kama da famfo mai rauni ko matata, domin rile galibi ko ya ba da wuta ko ya hana.

Wajen bincike a fara da fis, yawanci mai amfiya 15 ko 20. Kada a yarda da ido kaɗai, a taɓa kwan gwaji a kan ƙananan ƙarafa biyu na bayansa, duka su kawo wuta. Fis da ya ƙone aka sa sabo ya sake ƙonewa yana nufin waya ta goge tana taɓa bodi ko famfo ya cije, kuma sa masa mai lamba mafi girma hanya ce ta ƙona wayoyin mota. Daga nan sai musaya. A akwatin fis sau da yawa rile na hon ko na fitila iri ɗaya ne da na famfo. Duba lambar jikinsu, in ta zo ɗaya ka sauya musu wuri. Mota ta tashi, hon ya mutu, ka kama ɓarawonka. Wannan dabarar ita ce ke fid da mutum a hanyar Hijira tsakanin Makka da Madina, tafiyar sama da kilomita 400, ba sai ya jira saɗaha, motar ɗaukar motocin da suka lalace, ta ɗauki motar ba.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne a ɗora yatsa a kan rile, a ji ya yi "ƙas", a ce lafiyarsa lau. Ƙarar shaida ce cewa kwayil na aiki, ba ta ce komai ba game da bakunan. Gwajin gaskiya da mita ake yi. Auna tsakanin 85 da 86: in ka ga om 50 zuwa 120 kwayil na da rai, in mita ba ta nuna komai ba wayar ta tsinke. Sai ka ba kwayil wuta daga batir, 86 a jan kai, 85 a baƙin kai, ka auna tsakanin 30 da 87, ya kamata ka ga kusan sifili. Ko wannan ma yakan yaudari mutum, domin mita 'yar wuta kaɗan take turawa, ƙonannen baki zai iya wuce da ita ya kasa ɗaukar nauyin famfo. Abin da ya fi tabbas shi ne auna bolt tsakanin 30 da 87 rile na wurinsa famfo na aiki. Lafiyayye ba ya cinye fiye da bolt 0.2. Ka ga rabin bolt ko ɗaya, ya gama yayi.

Idan rile ya ci jarrabawa, a koma kan soket. Ramin 30 ya kamata ya kawo wutar batir, kimanin bolt 12.6 a cikakken batir, a Toyota sai makulli na kunne. Ɗaya daga ramukan kwayil yana samun wuta da makulli, ɗayan kuma kwamfuta ce ke haɗa shi da bodi lokacin da take son famfo ya tashi. Idan ana buga kik wannan umarni bai zo ba, laifin yana can baya: firikwensin karanshaf, ko makullin da motar ba ta gane ba, ko waya. Firikwensin in ya mutu, fulogi ma ba zai ba da wuta ba. Wasu motocin Ford kuma suna da wani makunni da ke yanke famfo idan mota ta bugu da ƙarfi, danna maɓallinsa kawai ake yi ya dawo.

Gwaji na ƙarshe shi ne haɗa ramin 30 da na 87 da guntun waya mai fis a tsakiya. A tabbatar da ramukan kafin a soka, domin wutar batir in ta shiga ramin da ke tafiya kwamfuta, asarar ta tashi daga kuɗin rile ta koma kuɗin burenbos. Famfo ya yi gunji, to shi da wayarsa lafiya. Ya yi shiru, sai a duba soket ɗin kan tanki da wayar bodinsa. In an bubbuga ƙasan tanki da tafin hannu ya farka, burushinsa sun cinye, sauyi yake jira. Mai mita da ke auna amfiya ya sa ta a madadin wayar, ya ga abin da famfon ke ja. Na ƙaramar mota ya kai amfiya 10 ko ya wuce, a nemi famfo da matata tare da rile. Kuma don Allah kada a bar wayar nan a ci gaba da yawo da mota. An cire wa famfo mai tsawata masa ke nan, ko mota ta kife zai ci gaba da feso fetur.

Sauyawar kanta aikin minti biyu ne. Kashe mota, zare makulli, kama rile ka ɗan girgiza shi kana ja sama a miƙe. Je da tsohon shago a hannunka. Lambar jiki ta zo ɗaya, ƙarfin da aka rubuta, amfiya 20 ko 30 ko 40, kada ya gaza na tsohon, taswirar gefe ma ta zo ɗaya, saboda akwai masu kama da juna sak waɗanda aka sauya wa 30 da 86 wuri. Wasu kuma suna da dayod a kan kwayil, in wuta ta shige su a juye sun lalace nan take. Na asali da aka ciro daga motar haɗari a tashlih, wato wurin da ake kwance matattun motoci ana sayar da kayansu, irin na Ha'ir a Riyad, sau da yawa ya fi sabon jabu mai araha ƙarko, muddin ƙafafunsa fes suke. Goge bakunan tsoho da sanfefa na iya kai ka gida, amma ya kankare rufin da ke kare su, ba zai daɗe ba. Kafin ka soka sabon, matse ramukan soket da bakin siririn sukundireba har ƙafa ta shiga da ɗan ƙarfi, wanda ya narke kuwa a yanke shi a sa wani.

Sababbin motoci da yawa ba su da rile ɗin da ake zarowa. Wasu an manne shi da dalma cikin akwatin fis, kamar a wasu Nissan da Jeep da Dodge, wasu kuma an ba famfon wata ƙaramar kwamfuta kusa da tanki mai ƙara masa gudu da ragewa. Tsofaffin Land Cruiser na dizal masu injin 1HZ ba su da famfon lantarki a tanki ma sam. Don haka kafin a fara zare-zare, a juya murfin akwatin fis a karanta taswirar da ke cikinsa, a nemi FUEL PUMP ko F/PMP ko C/OPN. In babu ko ɗaya, sai littafin motar ko taswirar wayoyinta.