Malamin da ke sa ɗalibai su yi ta maimaita jumla ɗaya: tambayoyi kan Sanford Meisner

Wane ne shi, har aka yi shiri a kansa?

An haifi Meisner a Brooklyn, cikin birnin New York, a 1905, ya rasu a 1997. Da shi aka kafa ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Group Theatre a 1931, sannan ya shafe gomman shekaru yana koyar da wasan kwaikwayo a makarantar Neighborhood Playhouse. Taurarin fim irin su Gregory Peck da Robert Duvall da Diane Keaton duk ta hannunsa suka bi. Duniya ta san fuskokin ɗaliban, malamin kuwa sai 'yan harkar. A 1990 tashar PBS ta Amurka ta nuna shiri a kansa cikin jerin American Masters.

Me yake koyarwa?

Mutum biyu za su zauna suna fuskantar juna. Ɗaya ya ce, "Rigarka shuɗiya ce." Ɗayan ya ce, "Rigata shuɗiya ce." Haka za su yi ta yi, sau goma, sau ashirin. Mai kallo zai ɗauka wauta ce. Amma can sai ka ji muryar ɗaya ta sauya, ya fara ƙosawa, ɗayan ya kama wannan ƙosawar ya mayar masa, rigar dai ita ce ake ambata, alhali rigima ce ta tashi. Abin da Meisner ke nema ke nan: ɗan wasa ya daina sauraron kansa, hankalinsa ya koma kan abokin wasansa. Duk wanda ya taɓa ganin jarumi yana jiran a gama magana don ya zubo abin da ya haddace, ya san ciwon da ake magani.

Da me ya bambanta da Lee Strasberg, wani sanannen malamin wasan kwaikwayo na Amurka?

Dukansu daga koyarwar Stanislavski, daraktan wasan kwaikwayo na Rasha, suka sha. Strasberg ya fi son ɗan wasa ya tono baƙin cikin rayuwarsa ya yi aiki da shi. Meisner bai yarda ba. A wurinsa, tunanin abin da bai faru ba ma ya isa ya motsa zuciya. Ni dai a nan na fi karkata gare shi.

Me ya sa muryarsa take fita da ƙyar a shirin?

Ciwon daji ne ya sa aka cire masa maƙogwaro. Ya koyi magana ta hanyar haɗiye iska ya fito da ita, ya koma aji, ya ci gaba da koyar da saurare.