Fifita bangaskiya kan matsayin duniya a koyarwar Kirista

Wannan wata koyarwa ce ta addinin Kirista da ke cewa sanin Yesu Almasihu ya fi muƙami, ya fi dukiya da diflom da duk abin da mutum ya samu da guminsa. Ba wai an hana neman su ba ne fa, a'a, cewa ake ba da su mutum zai tsaya gaban Allah ba.

Wanda aka fi kafa hujja da shi Manzo Bulus ne. Mutumin Tarsus ne, daga kabilar Biliyaminu, Bafarisiye, wato ɗan ƙungiyar Yahudawa masu tsananta bin shari'ar Musa, da ya yi karatu wajen babban malami Gamaliyel, kuma yana da ƴancin ɗan ƙasar Roma tun daga haihuwa, abin da wasu sai da kuɗi masu yawa suke saye. Wato asali da ilimi da takarda duk ya haɗa. Amma a wasiƙarsa ga Filibiyawa 3:5-8, wadda daga kurkuku ya rubuta ta, sai ya jera asalinsa da matsayinsa na addini ya ce duk ya lissafa su hasara saboda Almasihu, kai har kalmar Girkancin da ya sa, shara take nufi, irin wadda ake zubarwa a juji. Abin da ya ba maganar nauyi shi ne ba wanda ya rasa ne ya faɗa ba, wanda ya samu ne ya ajiye.

Yesu da kansa a Markus 8:36 ya tambaya mece ce ribar mutum in ya samu duniya duka ya rasa ransa. Sai labarin mai arzikin nan a Markus sura 10 da aka ce ya sayar da kayansa ya ba matalauta, ya juya yana baƙin ciki.

A Nijar, inda Kirista tsiraru ne ƙwarai, maganar ba ta tsaya a takarda ba. Mishan ɗin SIM (Sudan Interior Mission) na masu wa'azin Kirista ya fara aiki a Damagaram a 1924, asibitin Galmi a jihar Tawa kuma an buɗe shi a 1950, likitoci sun bar albashi mai tsoka a Amurka da Turai sun zo sun zauna cikin zafin Adar suna duba talakawa. A Yamai ranar Lahadi za ka ga direktan biro ya ajiye mota a ƙofar majami'a, ya shiga ya zauna benci ɗaya da mai gadi, suna kiran juna ɗan'uwa, in an tashi ma direktan ke kwashe kujeru. Yaro in ya ci bak ko kwankur yakan tashi lokacin shaida ya gode wa Allah, fasto ya yi masa addu'a ya kuma ja masa kunne kan girman kai.

Koyarwar na da tsada, wasu sun rasa gado ko zumunci saboda ita. A watan Janairun 2015 an ƙone majami'u da dama a Damagaram da Yamai, kuma shugabannin ikilisiya suka fito suka ce sun yafe. Akwai dai saɓani a tsakanin Kirista kansu, don masu wa'azin wadata suna ɗaukar arziki alamar albarka, wasu fastoci kuma suna ce musu to Bulus fa, da ya rubuta wa Filibiyawa wasiƙar farin ciki yana ɗaure da sarƙa?