Idan ɗan majalisa ya sa aka canza maka wurin aiki, kotu za ta saurare ka?

A ƙananan hukumomin Kano da Jigawa, da zarar an gama zaɓe sai takardun canjin wurin aiki su fara yawo. Malamin firamare a Ringim ya tsinci kansa a Birniwa, ma'aikaciyar asibiti a Sumaila a jefa ta Doguwa, ana ta raɗe-raɗin cewa "Honarabul ne ya ce a ɗauke su."

Ɗan majalisa yana da ikon canza wa ma'aikaci wuri?

Ba shi da shi, haka ma kansila. Aikin majalisa yin doka ne da sa ido kan gwamnati. Tura ma'aikaci wani wuri hurumin hukumar da yake ƙarƙashinta ne: SUBEB (hukumar ilimin bai-ɗaya ta jiha) da sakataren ilimi ga malaman firamare, hukumar kula da ma'aikatan ƙananan hukumomi ga nata, hukumar lafiya matakin farko ga na asibitin ƙauye. Yana iya kai ƙorafin mazaɓarsa idan malami ba ya zuwa aji, wannan haƙƙinsa ne. Hukuma ce za ta bincika ta yanke.

To me ya sa ƙarar ke da wuyar ci?

Domin takardar da ke hannunka sa hannun hukuma take ɗauke da shi, ba na ɗan siyasa ba. Kuma kotu tana kallon canjin wuri a matsayin abin da ka amince da shi tun ranar da ka karɓi aikin gwamnati. Nisa da iyali ko rashin hanya ba su isa hujja ba.

Abin da ke jan hankalin alƙali shi ne ka nuna horo aka yi maka a fakaice: ba a ba ka takardar tuhuma ba, ba a ji ta bakinka ba, ko an rage maka matsayi. Sashe na 42 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya hana a nuna wa ɗan ƙasa bambanci saboda ra'ayinsa na siyasa, sai dai kai za ka kawo shaida. "Kowa ya sani" ba shaida ba ce. Wasiƙar da ɗan majalisa ya rubuta da sunanka a ciki, ko saƙon WhatsApp na barazana, su ne abin riƙewa. Dokar Shaida ta 2011 ta yarda da irin wannan saƙon idan an cika sharuɗɗan sashe na 84.

Wace kotu zan nufa?

Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda ke da reshe a Kano. Sashe na 254C na Kundin Tsarin Mulki ya ba ta ita kaɗai hurumin rigingimun aiki. Kada ka yi nawa, don akwai dokar kare jami'an gwamnati mai wa'adin wata uku na shigar da ƙara, lauyoyin gwamnati kuma sun saba kafa hujja da ita.

In ƙi tafiya har a gama shari'a?

A'a, Malam. Ka je ka kama aiki, sannan ka rubuta ƙorafi ga hukumarka, ka ajiye kwafi mai hatimin karɓa, ka sanar da ƙungiyarka, NUT ta malamai ce ko NULGE ta ma'aikatan ƙananan hukumomi. Wanda ya zauna a gida ya miƙa musu wuƙa da nama, don sai a kore shi da laifin gudun aiki, maganar siyasa kuma ta bi ruwa.

Shi ɗan majalisar fa, ya sha ke nan?

Dokar ɗa'ar ma'aikata da ke cikin Kundin ta shafe shi, ta kuma hana jami'i ya yi amfani da muƙaminsa ya sa a tauye haƙƙin wani. Ana iya kai shi Hukumar Ɗa'ar Ma'aikata.

Abin da ya fi damuna ma shi ne canjin da ba mai kai ƙara a kansa: wanda ɗan majalisa ya nema wa yaronsa, aka ɗauko shi daga ƙauye zuwa Dutse ko birnin Kano. Shi ya ji daɗi, hukuma ta yi shiru, makarantar da ya bari kuwa malami ɗaya ke zagaya azuzuwanta.